Tsofaffin Baburan Japan da Masu Tayar da Su

Sunaye huɗu ne suka fi yawo a bakin duk wanda ya san babur a rabin ƙarshe na ƙarni na 20, wato Honda da Yamaha da Suzuki da Kawasaki. Malamin makarantar da ya karɓi bashin abin hawa a shekarun 1970 a ƙasar Hausa, galibi ɗaya daga cikinsu ya saya, ya ɗaure littattafan ɗalibai a bayansa, bai kuwa damu da sanin inda ya fito ba. Baburan wancan zamani, waɗanda aka ƙera daga tsakiyar shekarun 1950 zuwa wajen 1980, yanzu sun shiga sahun kayan tarihi. A Japan da Turai da Amurka akwai mutanen da suka duƙufa wajen tono su daga kango da ɗakin shirgi, su wanke, su gyara, su tayar. Aikin nasu ya haifar da wata muhawara da ta cancanci nazari: idan an ce an adana babur, me aka adana? Ƙarfensa ne, ko ƙararsa, ko kuwa sanin da ya sa aka iya ƙera shi?

Abin lura da farko shi ne, babu ɗaya daga cikin kamfanonin nan huɗu da ya gaji ƙera babur. Michio Suzuki injinan saƙa ya fara yi a 1909. Asalin Yamaha kayan kiɗa ne tun daga 1887, shi ya sa har yau tambarinsa ƙarafa uku ne na daidaita sautin kiɗa. Kawasaki kuwa a jiragen ruwa da na ƙasa da na sama ya yi suna. Uku daga cikinsu, ban da Kawasaki, a yankin birnin Hamamatsu suka tsiro. A wani ƙauye kusa da birnin aka haifi Soichiro Honda a 1906, ɗa ga wani maƙeri mai gyaran kekuna. Bai yi nisa a karatun boko ba. Yana ɗan shekara 15 ya tafi Tokyo koyon kanikanci, kuma a gaban tebur mai baƙin mai ya sami mafi yawan iliminsa.

Da Yaƙin Duniya na Biyu ya ƙare a 1945, Japan ta zama kufai. Mai ya yi wuya, jiragen ƙasa sun cika maƙil, mutanen birni kuma dole su shiga ƙauye neman abinci. A 1946 Honda ya sami wasu ƙananan injina kimanin 500 da sojoji suka bari, waɗanda dā ake amfani da su wajen ba rediyo wuta, ya riƙa ɗaura su a jikin kekuna yana sayarwa. Da suka ƙare sai ya soma ƙera nasa, ya kafa kamfani a 1948. Ba shi kaɗai ya hango kasuwar ba, domin a shekarun 1950 ƙananan kamfanonin babur a Japan sun haura ɗari, kowanne yana kwance baburan Turai yana kwaikwaya. Babur na farko da Yamaha ya fitar a 1955, mai suna YA-1, kwaikwayon DKW RT125 na Jamus ne. Turawa sun daɗe suna yi wa Japanawa gorin kwaikwayo, amma abin dariya, BSA Bantam da Ingila ke alfahari da shi ma daga wannan babur na Jamus aka ɗauko fasalinsa bayan yaƙi. Laifi tudu ne. Bambancin kawai, Japanawa ba su tsaya inda suka tarar ba.

Fagen tsere ne ya tabbatar da haka. Akwai wani tsibiri tsakanin Ingila da Ailan da ake kira tsibirin Man, inda tun 1907 ake rufe titunan jama'a a yi tseren babura, babban zagayensa ya ɗan haura kilomita 60, ta cikin ƙauyuka da kan tsauni. A watan Maris na 1954, lokacin da kamfaninsa ke fama da bashi, Honda ya shelanta wa ma'aikatansa cewa zai shiga wannan tsere. Ya je ya gane wa idonsa a watan Yuni, ya ga baburan NSU na Jamus suna da ƙarfin da ya ninka na nasa, jikinsa ya yi sanyi. Sai ya sayo sarƙa da taya da kafireta da fulogi irin na Turai, ya koma gida da su don a yi musu filla-filla. Shekara biyar aka ɗauka kafin a cika alkawarin. A 1959 baburansa masu si-si 125 suka zo na 6 da na 7 da na 8 da na 11, suka karɓi kyautar ƙungiya. A 1961 kuwa, a ajin 125 da ajin 250 duka, daga na ɗaya har na biyar Honda ne, Baturen Ingila Mike Hailwood ne ya lashe tseren biyu.

A wannan shekarar ce kuma wani abu ya faru wanda ya yi kama da labarin 'yan leƙen asiri. Ernst Degner, gwanin tseren kamfanin MZ na Jamus ta Gabas, ya sulale bayan tseren ƙasar Suwidin ya tsere zuwa Yamma, daga nan ya shiga Suzuki ɗauke da sirrin da injiniya Walter Kaaden ya gano game da salansar da ke ƙara wa inji mai bugu biyu ƙarfi. A 1962 ya ci wa Suzuki kambun duniya a ajin si-si 50, a 1963 kuma Mitsuo Itoh ya zama Bajapane na farko da ya ci tseren tsibirin Man.

Ya kamata a ɗan tsaya a nan, domin ba a fahimtar abin da ya biyo baya sai an san bambancin injinan biyu. Inji mai bugu biyu, irin wanda baƙin mai ke ƙonewa tare da fetur yana fitar da shuɗin hayaƙi, yakan tashi wuta a kowane juyi guda. Mai bugu huɗu sai ya yi juyi biyu kafin ya tashi wuta sau ɗaya. Yamaha da Suzuki sun rungumi na farko, Honda ya kafe a kan na biyu. Hanyar da ta rage masa ita ce ya sa injinsa ya yi juyi da saurin da ba a saba gani ba, haka kuwa ba ta yiwuwa sai fistin ya zama ƙarami, marar nauyi. Don haka injiniyoyinsa suka riƙa rarraba inji zuwa ƙananan silinda. Babur ɗin RC166, mai si-si 250 kacal, silinda shida gare shi da bawul 24, kowace silinda ba ta kai ƙaramin kofin shayi ba, yana juyi har 18,000 a minti ɗaya, yana ba da ƙarfin doki wajen 60. Da shi Hailwood ya ci tsere goma a 1966, ya sake ɗaukar kambun a 1967. Suzuki ma ya ƙera ɗan babur mai si-si 50 da giya 14. Abin ya koma gasar zuba kuɗi. Honda ya janye bayan 1967, hukumar tseren babura ta duniya kuma ta ƙayyade yawan silinda da giya a ƙananan azuzuwa, aka rufe wannan babi.

Ilimin da aka tara a fagen tsere sai ya gangaro kan titi. A 1969 aka fara sayar da CB750 mai silinda huɗu da birkin faifai da sitata ta lantarki, a kan dala 1,495 a Amurka. Ba ya zubar da mai a ƙofar gida, ba ya kuma wahalar tashi da safe, abubuwa biyu da masu baburan Ingila suka ɗauka ƙaddara ce. Kawasaki ya mayar da martani da Z1 mai si-si 903 a 1972. Kafin 1973 ta ƙare BSA ya durƙushe.

Sai dai baburan da suka fi taɓa rayuwar jama'a ba waɗannan ba ne. Super Cub da ya fito a 1958, wanda aka yi masa kulocin da ke aiki da kansa don mai kai abinci ya iya tuƙi da hannu ɗaya, adadin da aka ƙera ya kai miliyan 100 a 2017. CG125 kuma na 1975 an zana shi ne bayan ma'aikatan Honda sun zaga ƙasashe masu tasowa na Asiya, sun ga ana lafta wa babur mutane da kaya, ba a juye baƙin mai sai ya koma kwalta. Maimakon su tsaya yi wa masu hawa wa'azi, sai suka ƙera injin da zai jure sakaci. Kamfanonin Sin sun kwaikwayi wannan inji ba iyaka, kuma jikokinsa na nan birjik a garejin kanikawan babur na Afirka ta Yamma.

Shi mai tayar da tsohon babur, abin da ya fara tararwa tsatsa ce. Tanki ya ci daga ciki, tsohon fetur ya bushe a kafireta ya daskare kamar ƙaro, fistin ya manne a silinda, salansa ta ruɓe, wayoyin wuta suna karyewa a hannu. Ƙarfe bai cika ba shi tsoro ba, domin ana iya gogewa, a yi walda, ko a sassaƙa sabo. Roba da leda su ne ciwon kai, don idan suka tsufa ba su da magani, kamfani kuma ya daɗe da daina yin su. Shi ya sa ake farautar kayan gyaran da suka kwana shekara arba'in a kantar tsohon dila ba a buɗe kwalinsu ba, a saye su kamar zinariya. Ƙungiyar masu sha'awar tsofaffin baburan Japan da aka kafa a Arewacin Amurka a 1977, babban amfaninta ga membobi shi ne wannan cuɗe-ni-in-cuɗe-ka na kayan gyara da bayanai.

A nan ne ra'ayi ya rabu. Wasu na son babur ya koma kamar ranar da ya baro masana'anta, har lambar da ke kan kowane noti sai ta dace da shekarar. Wasu na ganin koɗaɗɗen fenti da lotsawar tanki tarihi ne, wanda ya goge su ya goge shaida. Kuɗi kuma ya shigo ya ƙara dagula lissafi. CB750 na farko-farko, kimanin 7,000, kwankon injinsu na da kaushi saboda hanyar zubin da aka bi kafin kamfani ya tabbatar za a yi ciniki, wannan kaushin ne yanzu ke ninka farashinsu. Wani samfurin gwaji na babur ɗin an yi gwanjonsa a Ingila a 2018 a kan fam 161,000. Wanda ya biya irin wannan kuɗi da wuya ya bari taya ta taɓa kwalta. Sai a tsiyaye mai, a cire batir, a girke babur a falo, daga nan kuma roba ta soma bushewa, ringi ya soma mannewa, ya mutu a tsaye cikin ƙyalli. Masu nazarin harshe sun san irin wannan mutuwa: kalmar da ta rage a ƙamus kaɗai, an adana rubutunta da ma'anarta, amma ba wanda ya san yanayin da ake faɗarta.

Hujjar masu cewa a hau ta fi ƙarfi, kuma kamfanin Honda kansa ɓangarensu ya bi. Gidan tarihin da ya buɗe a Motegi a 1998 manufarsa ita ce abin da aka ajiye ya kasance yana iya tashi. Akwai kanikawan da aikinsu ke nan, lokaci-lokaci kuma akan fito da baburan tsere na shekarun 1960 a zaga fili da su jama'a na kallo. Hawan na cin wani abu, ba shakka. Fistin na asali zai gaji a sauya shi, wata rana a wayi gari rabin injin ba na 1966 ba ne. Amma kowace sauyawa tana tilasta wa wani matashi ya buɗe injin, ya auna, ya gane dalilin da ya sa aka yi shi haka. Wannan tunani ba baƙo ba ne a Japan. Babban ɗakin bautar addinin Shinto da ke Ise bisa al'ada ana sāke gina shi duk bayan shekara 20, an yi karo na 62 a 2013, ta haka ne sanin sassaƙar ke wucewa daga tsoho zuwa yaro. Mai gidan ƙasa da ke yaɓe kafin damina ba zai yi mamakin wannan ba.

Inda aka bar sani ya yi nisa kuwa, dawo da shi akwai wuya. Wani Baturen Ingila mai suna George Beale ya ɗauki aniyar ƙera kwafin RC174, ɗan'uwan RC166 mai si-si 297, wanda Hailwood ya ci kambun ajin 350 da shi a 1967. Sai da aka kwance injin asali, wani kamfanin Faransa mai suna JPX ya auna sassansa ɗaya bayan ɗaya, ya binciki irin ƙarfen da aka yi kowanne da shi, duk da cewa na'urorin da ke hannunsa sun fi na injiniyoyin shekarun 1960 nesa ba kusa ba. Aikin ya ci shekaru, guda 10 aka ƙera. Shekara arba'in da 'yan kai bayan Soichiro Honda ya koma gida da sarƙa da kafiretar Turai a jakarsa, Turawa ne zaune a gaban injinsa da ma'auni a hannu, suna ƙoƙarin gano yadda aka yi shi.