Cocin Tubali a Wusasa

Ɗan'uwa, daga Mararaban Rido na kama motar cikin gari, na sauka Kawo, na shiga ta Zariya. Mun cika makil, ga zafi, amma haka hanya take. Mun wuce Jaji, kafin mu kai birni sai dutsen Kufena ya bayyana. A nan na ce wa direba ya ajiye ni Wusasa.

Cocin da na je gani sunansa Sent Batalomi, wato Bartalamawus, ɗaya daga cikin manzanni goma sha biyu. 'Yan mishan na Angilika daga Ingila suka kafa shi. Ɗaya daga cikinsu, Likita Mila, ya zauna a birnin Zariya tun 1905, daga baya aka maido da mishan ɗin nan bayan gari, aka gina cocin a 1929. A unguwar nan Janar Yakubu Gowon ya tashi.

A hotunan ƙauyukan Ingila, coci gini ne na dutse mai doguwar hasumiya, kewaye da kaburburan kakanni. Nan kuwa ƙasa ce, jar ƙasar Zazzau, tubali kan tubali. Na ɗora hannu a bakin taga, kaurin bangon ya kusa kamu guda. Da na shiga sai sanyi ya tare ni, alhali rana na tsaka. Na ɗaga kai, ga bakan gizo ya taso daga bango ya haɗu a sama, ya riƙe rufin, irin fasahar da Babban Gwani Muhammadu Durugu ya nuna a masallacin Juma'a na Zariya. Na daɗe a zaune ina bin layin da ido har wajen bagadi, ina mamakin yadda muke nan kusa ba mu san da shi ba.

Can Ingila ma, yawanci da dutsen da ke yankin ake gina cocin ƙauye. A ganina masu wannan aiki sun yi daidai da suka miƙa shi ga maginan Hausa.

Ka tuna namu na gida: bulo da kwano, kafin a gama wa'azi kowa ya jiƙe da gumi. Sai dai ginin ƙasa yana son kulawa, damina na cin bango, dole a riƙa sabunta yaɓe. Abin da ya dame ni a motar dawowa shi ne, maginan da suka iya ɗaure bakan gizo suna ƙarewa, yaranmu kuma siminti kawai suke koyo.