Shinkafa da ƙwai a kwano guda

Cikin abincin Japanawa, oyakodon ne ya fi kwanta min a rai: shinkafa a kwano, a samanta naman kaza da albasa da ƙwai. Ba ya cin lokaci, amma yana son natsuwa.

Shinkafar ce ke riƙe ni. Tasu gajera ce, mai danƙo. Ana wanke ta har ruwan ya washe, a jiƙa ta kamar rabin awa, a dafa ba gishiri ba mai. Ko an sauke ba a buɗe ta sai ta huta. Mu da muka saba da mai warwara, sai hannu ya riƙa kai wa murfi, ina mayar da shi.

Romon, wanda suke kira dashi, daga busasshen ganyen teku na kombu da busasshen kifi ake yin sa. A wannan ganyen ne masanin kimiyya Kikunae Ikeda ya gano sinadarin ɗanɗano a 1908, kuma da bincikensa aka fara yin Ajinomoto a 1909, farin magin nan na kicin ɗinmu. Sanin haka ya sa girkin ya daina zame min baƙo.

Mirin, ruwan zaƙin da suke sawa a romon, akwai giya a ciki, don haka sukari kaɗan nake haɗawa da shoyu, baƙin ruwan waken suya mai gishiri. Ƙwan kuwa sama-sama nake kaɗa shi, in zuba rabi a kan kazar da albasar da ke dahuwa a romon, in jira, in zuba sauran, in sauke tun yana rawa. Zafin shinkafar ke ƙarasa shi.