Goggo, Tsohuwar Motar Gidanmu

A gidanmu ba a kiran motata da sunan da maƙeranta suka raɗa mata. Tun ranar da ta shigo yara suka sa mata suna Goggo, wai saboda faɗin jikinta da yadda take kwashe kowa ba ta barin wani a baya. Sunan kuwa ya bi ta, har ta kai idan maƙwabta za su aiko neman aro sai su ce wa ɗan aike, "Ka gai da Malam, ka tambaye shi ko Goggo tana da lafiya." Yau Goggo ta haura shekara ashirin da ƙerawa, kuma kusan rabin waɗannan shekaru a hannuna ta yi su. Abin da zan bayar a nan shi ne labarin zamana da ita, da darasin da ta koya mini game da riƙon tsohon abu, wanda ban ɗauka ba sai da ya kusa cin ran mahaifiyata.

Na sayi motar ne a ƙarshen shekarar 2016, ina ƙaramin ma'aikacin gwamnati a Funtuwa. A lokacin ni da maiɗakina muna da 'ya'ya biyar, ga kuma Inna, wato mahaifiyata, wadda ta dawo wurina da zama. Abin hawana kuwa babur ne, don haka duk tafiyar da ta shafi gida gaba ɗaya sai an yi shatar mota, ko a kasu gida biyu. Da kuɗin adashi, da rancen ƙungiyar ma'aikata, da buhunan masarar da na noma a daminar wannan shekara na haɗa kuɗinta. Toyota Sienna ce ƙirar 2005, wadda aka haɗa a jihar Indiyana ta Amurka. Bayan ta yi wa wani iyali hidimar shekara goma sha ɗaya a can, sai aka ɗoro ta a jirgin ruwa zuwa Kwatano, ta ratso Nijar ta shigo ta Jibiya. Da na ƙara jinkiri kaɗan da ba ta biyo wannan hanya ba, domin daga ranar 1 ga Janairu, 2017 Gwamnatin Tarayya ta hana shigo da motoci ta iyakokin ƙasa na tudu.

Duk wanda ya ga Goggo a ranar sai ya yaba. Tana ɗaukar mutum takwas a zaune, ƙofofinta na tsakiya zugewa ake yi, kujerun baya kuma ana naɗe su su shige ƙasa, wurin ya zama fili da zai ci buhuna. Injinta mai silinda shida ne, girmansa lita 3.3. Abin da ban lura da shi ba shi ne lambar da ke jikin agogon tafiya. Na ga 140,000, na ɗauka kilomita ne, alhali motocin Amurka da mil suke lissafi, kuma kowane mil ɗaya ya kai kilomita 1.6. Ashe motar da nake yi wa kallon yarinya ta riga ta ci kilomita fiye da 220,000. Ba zan ce dillali ya cuce ni ba, tun da ban tambaya ba, shi kuma bai ga dalilin faɗa ba.

A ƙasar Hausa mai babbar mota ba shi kaɗai ke da ita ba. Cikin shekara huɗu Goggo ta kai amare ɗakunansu, ta kai mata masu naƙuda asibiti da tsakar dare, ta ɗauko alhazai daga filin jirgi, ta kuma raka gawa maƙabarta. Ranar kasuwa ta ɗauki buhu, ranar salla ta ɗauki mutum goma sha biyu idan aka haɗa da na goye. Ba ta taɓa ba ni kunya ba, kuma wannan haƙuri nata shi ya rufe mini ido. Kulawar da nake ba ta duk ta waje ce. Kowace Juma'a a wanke ta a goge, na sayi rigunan kujeru da turaren mota, amma baƙin mai sai ya yi baƙi ƙirin ake juye shi. Gareji kuwa ba na zuwa sai wani abu ya tsaya cak.

Wajen ƙarshen 2020 na fara ganin ɗigon ruwa a ƙasa inda take kwana. Na kai ta wurin bakanikena, wani dattijo da ya fi shekara talatin a sana'ar. Ya leƙa, ya shafa, ya ɗago ya ce, "Malam, famfon ruwa ne yake yoyo. A irin wannan inji famfon yana bayan tamin bel, bel ɗin ne ma yake juya shi, don haka ba a kai gare shi sai an kwance gaban inji. Masu motar sun ce a canja bel duk bayan mil 90,000, ni kuwa ban ga alamar an taɓa naka kwanan nan ba. A haɗa su a yi aiki ɗaya." Da ya faɗi kuɗin sai na ga ya kai kusan sulusin albashina, ga kuɗin makarantar yara ya ƙarato. Na ce, "Maigida, a bari sai wata ya yi." Ya ce, "To, Malam. Amma ka sani ba ni nake jira ba, ita ce, kuma ba ta san ƙarshen wata ba."

Wata ya yi, wani watan ma ya yi, ban koma ba. Dabarar da na ɓullo da ita ita ce ajiye jarkar ruwan rijiya a but, kullum da safe in cika lagireto. Da farko kofi ɗaya yake ci, daga baya ya koma kwano, amma tun da motar tana tashi tana tafiya, sai na riƙa gaya wa kaina cewa bakanike ya cika tsoro.

Wata rana cikin Maris na 2021, ana tsananin zafin bazara, Inna ta yanke jiki ta faɗi bayan sallar magariba. Dama tana fama da hawan jini. Likitan da ya fara duba ta ya ce lallai a wuce da ita babban asibiti a Zariya a daren. Muka kwantar da ita a kujerar tsakiya, maiɗakina ta tallabe kanta, na ja mota. Cikin ruɗewa ban tuna da lagireto ba, jarkar ma a gida na bar ta. Tafiyar ba ta kai kilomita tamanin ba, amma tun ba mu yi rabi ba na ga allurar zafi ta bar tsakiya tana hawa. Na san abin da ya kamata, wato in tsaya in kashe inji. Sai dai ina jin numfashin Inna a bayana, don haka na ƙara taka totur ina fatan mu kai. Kafin mu isa Giwa tururi ya turnuƙe gilashin gaba, inji ya yi wata ƙara, ya mutu.

Duk wanda ya san halin da hanyoyin wannan yanki suka shiga a waɗannan shekaru ya san abin da ake nufi da tsayuwa a daji da dare. Na tsaya bakin titi ina ɗaga fitilar waya, motoci suna wucewa a guje, kuma ban ga laifinsu ba, domin ni ma da ni ne ba lallai in tsaya ba. Mun fi awa ɗaya a nan. Can sai wani direban motar haya ya ci birki. Ya same ni na kai hannu zan buɗe murfin lagireto, ya buge hannuna ya ce, "Yallaɓai, so kake mu kai mutum biyu asibiti? Ruwan da ke ciki tafasa yake, fuskarka zai wanke." Ya roƙi fasinjojinsa suka matsa, aka sa Inna da maiɗakina, ni kuma na maƙale a gaba. Goggo muka bar ta a nan, sai washegari janwe ya jawo ta.

Inna ta rayu, amma hannunta na hagu bai koma daidai ba har yau. Likita bai ɗora wa kowa laifi ba, iyaka dai ya ce a ciwon shanyewar ɓarin jiki kowane minti yana da daraja. Masu zuwa dubiya suka yi ta cewa tsautsayi ne, wanda ba ya wuce ranarsa. Na amsa musu da godiya, amma a zuciyata na san wata uku motar ta yi tana faɗa mini abin da ke damunta, da ɗigon ruwa a ƙofar gidana, ni kuma ina tsallake shi in wuce.

Da bakanike ya buɗe inji sai aka tarar gaskit ya ƙone, kan injin kuma, da yake na alminiyam ne, zafi ya lanƙwasa shi. Sai da aka je kasuwar Ƙofar Ruwa a Kano aka samo wani na gwanjo. Aikin ya ci ninki takwas na kuɗin da na guje wa, motar kuma ta yi wata biyu a gareji. Dattijon bai ce mini "ai na faɗa maka" ba. Abin da ya ce kawai shi ne, "Sabuwar mota tana yafe wa mai ita, tsohuwa kuwa rubutawa take yi ta ajiye."

Tun da rubutawa take yi, sai na ga ya kamata ni ma in riƙa rubutawa. Na sayi littafin rubutu irin na 'yan makaranta na ajiye a aljihun mota. Duk abin da aka yi mata sai na sa ranar, da lambar agogo, da kuɗin da aka kashe. Baƙin mai da matatarsa duk kilomita 5,000 nake canjawa, ba na jiran launinsa. Na daina zuba ruwan rijiya, na koma ruwan lagireto na kanti, domin shi ba ya saurin tafasa kuma yana hana tsatsa, alhali ruwan rijiya yana barin gishiri da ke toshe ƙananan hanyoyin lagireto. Lokacin hunturu ana kakkaɓe matatar iska duk mako biyu saboda ƙura. Na kuma koyi karanta shekarun taya: akwai lambobi huɗu a gefenta, biyun farko mako ne, biyun ƙarshe shekara, wato 2319 na nufin mako na 23 na shekarar 2019. Hukumar Kiyaye Haɗurra ta Ƙasa tana gargaɗin kada a yi amfani da tayar da ta wuce shekara huɗu da ƙerawa, kuma da na duba nawa na tarar biyu sun haura takwas, ko da yake zanensu bai goge ba. Daɗin daɗawa, na buɗe wa Goggo asusu, duk wata ina cire wani abu daga albashi kafin a taɓa shi. Kullum da safe kuma nakan ba ta minti biyar: in duba ƙasa, in duba mai da ruwa, in tayar da ita in saurara.

Wata jarrabawar ta zo a ranar 29 ga Mayu, 2023, da Shugaba Bola Tinubu ya sanar da janye tallafin man fetur. A shekarar da na sayi Goggo lita tana naira 145. Kafin sanarwar ba ta kai naira 200 ba a farashin gwamnati, cikin 'yan kwanaki ta kai wajen 500, a Oktoban 2024 kuma ta haura 1,000. Tankin Goggo ya fi lita 70, kuma a cikin gari lita ɗaya da ƙyar take kai ni kilomita bakwai. Dole na koma kan babur don zuwa aiki. Sai dai ita tsohuwar mota zama ma ciwo ne gare ta, batir ya mutu, birki ya kama tsatsa, don haka duk mako sai na zagaya da ita.

Direbobin haya masu dogon zango suna son irin wannan mota, kuma biyu daga cikinsu sun taya ta da kuɗin da ya fi wanda na saye ta, ko da yake naira ta yau ba ta jiya ba ce. Maiɗakina ta ce, "Malam, a sayar a huta, kuɗin gyaranta kaɗai zai riƙe yaro ɗaya a makaranta." Maganarta gaskiya ce, kuma littafina ya tabbatar da ita. Na kwana biyu ina lissafi. Kuɗin da za a ba ni ba zai sayi wata mai ɗaukar mutum takwas ba, sai dai ƙarama ta hannu, wadda ban san abin da mai ita ya ɓoye a cikinta ba. Goggo kuwa babu ƙusar da ban san ranar da aka ɗaura ta ba. Da na kai maganar gaban Inna, sai ta ce, "Ni dai ita ce kaɗai motar da nake iya shiga ba sai an ɗaga ni ba." Maganar ta tsaya a nan, amma na gindaya wa kaina sharaɗi a gabansu: duk ranar da bakanike ya ambaci aikin da ya shafi birki ko taya ko zafin inji, na kuma kasa biya a cikin mako, to a ranar zan ajiye makulli in nemi mai saye. Da muguwar rawa gara ƙin tashi.

Har yanzu Goggo tana nan. Fentinta ya koɗe, ƙofar dama sai an haɗa da kafaɗa take rufuwa, rediyonta ya daɗe da yin shiru, kuma ban damu da gyara ko ɗaya daga cikin waɗannan ba. Duk bayan wata biyu nakan kai Inna ganin likita a Zariya. Takan zauna a kujerar nan ta tsakiya, hannunta na hagu a kan cinya, tana ba jikokinta labarin garuruwan da muke wucewa. Idan muka zo daidai wurin nan kafin Giwa ba na cewa komai, ita ma ba ta taɓa tayar da zancen ba. Idona dai yakan sauka a kan allurar zafi, in gan ta a tsakiya, sa'an nan in mayar da shi kan hanya.