Itacen Goro a Tsakar Gida

Goro ne ya kawo kakanninmu ƙasar Asante. Sun bi hanyar Gwanja da jakuna; da yaƙin 1892 ya watsa Salaga, da yawansu suka gangaro Kumasi. Amma mu jikokinsu na Zongo, wa ke da itacensa a gida?

Marigayi mahaifina ya dasa ɗaya a inuwar ayaba, domin dashen goro ba ya jure zafin rana. Ni nake ba shi ruwa bayan Asuba. Shekara bakwai kafin ya yi 'ya'ya, Baba bai gan su ba.

Bana magada suka ce a sare shi, a gina ɗakin haya. Na ce a cire kuɗin filin daga rabona. Allah Ya kai ladan kabarin Baba, amin.