Chiara, sunan da ya kai ni Asisi

A Italiya ba sai an aiko maka da goro ba kafin ka san an yi haihuwa a unguwa. Ƙofar gidan ce ke ba da labari. Idan namiji aka samu, akan rataya ƙullin ƙyalle shuɗi a bakin ƙofa, idan kuwa mace ce, ruwan hoda. Fiocco suke kiransa, kuma sau da yawa akan ɗinka sunan jaririn a jikinsa da zare. Maƙwabci da mai kawo wasiƙa da baƙo mai wucewa duk sun san an samu ƙaruwa, kuma duk wanda ya haɗu da masu gidan zai ce musu auguri, wato barka. Wannan al'ada ta burge ni ƙwarai, don haka da nake zaga garuruwan yankin Umbria sai na shiga karanta sunayen da ke jikin ƙofofi da waɗanda iyaye mata ke ƙwalawa a dandali: Sofia, Aurora, Giulia, Ginevra. Wanda ya zauna mini a rai shi ne Chiara. Kiyara ake furta shi, domin a rubutunsu haruffan ch sautin k suke bayarwa.

Asalinsa daga harshen Latin ne, clara, wato mai haske, garau, wadda ba ta da gurɓata, kuma a wancan zamani kalmar tana nufin wadda ta yi suna a cikin jama'a. Da Latin ya rikiɗe ya koma Italiyanci, sautin cl ya yi laushi ya zama ki, shi ya sa clavis ya koma chiave, mabuɗi, clara kuma ta koma Chiara. Har gobe kalma ce ta yau da kullum. Ruwa mai tsabta acqua chiara ne, magana kuma idan ta fito fili babu ƙunbiya-ƙunbiya, da wannan kalmar ake siffanta ta. Saboda haka yarinya mai wannan suna ba ta bukatar malami ya fassara mata shi. Tun tana koyon magana take jin sunanta a bakin mutane duk lokacin da suka yabi abu mai tsabta. A Sifaniya da Jamus ana cewa Clara, a Faransa Claire, a Ingila Clare, kuma biranen Santa Clara na Kaliforniya da na Kyuba duk sunan mace ɗaya suke ɗauke da shi. Garin wannan matar, Chiara ta Asisi, na je gani.

Jirgin ƙasa ba ya hawa Asisi. A ƙasa yake sauke mutum, a Santa Maria degli Angeli, daga nan ka ɗaga kai ka hango garin kwance a jikin dutsen Subasio, gidajensa fari da ruwan hoda, domin da dutsen wurin aka gina su. Kafin a hau motar da ke kai mutane sama, yana da kyau a shiga babbar majami'ar da ke kusa da tashar. A tsakiyarta akwai wani ɗan ƙaramin ɗakin ibada na dutse, Porziuncola, wanda bai fi ɗaki ɗaya girma ba. Ba su rushe shi ba da suka so faɗaɗawa, sai suka gina katafaren ginin a kansa ya rufe shi. A nan labarin Chiara ya juya.

An haife ta wajen shekarar 1194 a gidan masu sarauta da dukiya, daura da majami'ar San Rufino. Mahaifinta Favarone, mahaifiyarta Ortolana, mace mai ibada wadda ta yi tafiyar ziyara har Ƙudus a zamanin da irin wannan tafiya ke cin rayuka. Tarihin rayuwar Chiara da aka rubuta jim kaɗan bayan rasuwarta ya ce lokacin da Ortolana ke da cikinta, tana addu'ar sauka lafiya, sai ta ji an yi mata bushara cewa za ta haifi haske wanda zai haskaka duniya. Da aka haifi mace, aka raɗa mata Chiara. Ko mutum ya karɓi wannan ruwaya ko bai karɓa ba, ita ce mutanen garin ke ba ka idan ka tambayi dalilin sunan, kuma kowace uwa ta san irin fargabar da ta sa Ortolana yin wannan addu'a.

Tana ƙarama rikici ya ɓarke tsakanin masu sarauta da talakawa da 'yan kasuwar Asisi, har danginta suka yi gudun hijira zuwa Perugia. A ɓangaren da ya kore su akwai wani saurayi ɗan mai sayar da yadi, wanda uwarsa ta sa wa Giovanni, ubansa kuma da ya dawo daga fatauci a Faransa ya riƙa kiransa Francesco, Bafaranshe. Wannan saurayi ne daga baya ya watsar da dukiyar ubansa ya rungumi talauci da wa'azi, kuma laƙabin nan nasa ya zama ɗaya daga cikin sunayen maza mafi yawa a Italiya. Gari ɗaya ƙarami, a zamani ɗaya, ya ba ƙasar sunaye biyu da har yau ake raɗawa.

Chiara ta ji wa'azinsa tana budurwa, danginta na shirya mata auren gata. A daren Lahadin Dabino na shekarar 1212, bisa lissafin da ya fi yaɗuwa, tana da shekara kamar 18, ta sulale daga gida ta gangara zuwa Porziuncola. A can Francesco ya yanke mata gashi, ta cire kayan ado ta sa rigar talakawa. Na bi wani sashe na wannan gangara da ƙafa da rana tsaka, ga kwalta ga mutane, amma sai da na jinjina. Yarinya 'yar manyan gida, cikin dare, a zamanin da mace ba ta da ta cewa a kan aurenta. Da 'yan uwanta maza suka biyo ta gidan mata masu zuhudu inda aka fara ajiye ta, ta riƙe mayafin bagadi ta yaye lulluɓinta ta nuna musu kanta a aske. Suka koma ba tare da ita ba. Kwana 16 bayan nan ƙanwarta Caterina ta bi sahunta, aka sauya mata suna zuwa Agnese. Daga baya wata ƙanwar, Beatrice, ta zo, ita ma Ortolana ta ƙare rayuwarta a ƙarƙashin shugabancin 'yar da ta haifa.

Wurin da suka zauna shi ne San Damiano, a wajen ganuwar gari, ana gangarawa ta cikin gonakin zaitun. A duk Asisi babu inda ya kama ni kamarsa. Babu zinariya, babu manyan zane-zane. Ga ɗakin cin abinci da tsofaffin teburan katako da suka yi baƙi, ga matakala mai ƙunci, ga dogon ɗakin kwana inda matan ke shimfiɗa a ƙasa, an sa alama a kusurwar da ta rasu. Akwai ɗan ƙaramin lambu a sama mai kallon kwarin Spoleto. Ta shafe sama da shekara 40 a cikin wannan gida, kusan 30 daga ciki tana fama da jinya, amma tana zaune tana kaɗi da ɗinkin ƙyallayen da ake rabawa majami'un ƙauyuka. Matan da suka zauna da ita sun ba da shaida bayan rasuwarta cewa ita ke wanke ƙafafun waɗanda suka dawo daga aike, ita ke jinyar marasa lafiya da hannunta.

Abin da ya fi ɗaukar hankalina shi ne tsayuwarta a gaban manya. Shugabannin coci sun so gidan nata ya mallaki gonaki da kadarori kamar sauran gidajen zuhudu, don matan su samu abin dogaro. Ta ƙi. Ta nemi a ba ta izini a rubuce cewa babu wanda zai tilasta musu mallakar komai, kuma Fafaroma Gregory na 9 ya tabbatar mata da shi a 1228. Mutane na zuwa fada neman a ba su, ita ta je neman kada a ba ta. Ba ta tsaya nan ba, ta rubuta ƙa'idojin rayuwar ƙungiyarta da kanta, abin da ba a san wata mace ta yi ba kafin ita a tarihin cocin Katolika. Fafaroma Innocent na 4 ya amince da su ranar 9 ga Agusta 1253. Kwana biyu bayan haka, ranar 11 ga wata, ta rasu. A 1255 aka ayyana ta a cikin waliyyai. Ni da na taso ina jin labarin Nana Asma'u 'yar Shehu, ban sha wahalar gane irin wannan mace ba: mai ilimi, mai alƙalami, wadda mata ke taruwa a kusa da ita. Wasiƙunta huɗu zuwa ga Agnes ta birnin Prague, 'yar sarkin Bohemia da ita ma ta guji auren sarauta, suna nan har yau.

Gawarta tana cikin gari, a majami'ar Santa Chiara da aka fara ginawa a 1257. An jera duwatsun fuskar ginin layi fari, layi ruwan hoda, ga manyan bakuna na dutse sun tokare shi ta gefe. A ƙasa ake ajiye da ita, tare da gashinta da tufafinta. Daga farfajiyar ana ganin kwarin gaba ɗaya. Na ga iyalai suna zuwa da 'yan mata ƙanana, kaka tana riƙe da hannun jika tana nuna mata sunan da ke rubuce a bango. A 1958 Fafaroma Pius na 12 ya naɗa ta waliyyiyar talabijin, saboda ruwayar da ta ce wani daren Kirsimeti ciwo ya hana ta tashi, amma ta gani kuma ta ji ibadar da ake yi a wata majami'a tana kan shimfiɗarta.

Ranar 11 ga Agusta kuwa ta kowace Chiara ce. Italiyawa suna da al'adar da ake kira onomastico, ranar mai suna: kowane waliyyi yana da ranarsa a kalanda, duk mai sunansa kuma ana taya shi murna a ranar. Ana buga waya, ana aika saƙo, ana cewa buon onomastico. A kudancin ƙasar, musamman Napoli, wasu gidajen sun ɗauke ta da muhimmanci kamar ranar haihuwa ko ma fiye, mai sunan ne ma ke sayen kayan zaƙi ya raba. A Napolin ma akwai tsohon gidan zuhudu na Santa Chiara wanda aka fara ginawa a 1310, mai farfajiya da aka ƙawata ginshiƙanta da fentin tangaran. A kudun ne kuma al'adar mayar da sunan kakanni ta fi ƙarfi: ɗan fari namiji ya ɗauki sunan kakansa na wajen uba, 'yar fari ta ɗauki na kakarta. Mu ma mun san wannan, sai dai mu muna sakaya sunan saboda alkunya, a koma kiran yarinya Ummi ko Walida. Su kuwa kai tsaye suke kira, sai dai su ƙanƙanta shi don nuna ƙauna, Chiara ta zama Chiaretta ko Chiarina.

Hukuma ma tana da bakin magana. Dole a yi rajistar haihuwa cikin kwana 3 a asibiti ko kwana 10 a ofishin ƙaramar hukuma. Dokar shekarar 2000 ta hana a ba yaro fiye da suna uku, ta hana a sa masa sunan ubansa idan uban yana raye, ko na ɗan'uwansa ko 'yar'uwarsa masu rai, ta kuma hana sunan da zai jawo masa ba'a ko kunya. Idan iyaye suka nace, jami'in zai rubuta, amma zai kai rahoto ga mai gabatar da ƙara. Na ga hikima a wannan. Yaro ba ya nan lokacin da ake zaɓar abin da za a kira shi har ya mutu, ya dace a samu mai tsaya masa.

Hukumar ƙididdiga ta ƙasar, ISTAT, tana fitar da jerin sunayen jarirai kowace shekara. Giulia ta daɗe a kan gaba kafin Sofia ta karɓe ta, a maza kuma Leonardo ya sha gaban Francesco. Chiara ta yi tashe sosai a ƙarshen ƙarnin da ya wuce da farkon wannan, shi ya sa idan ka shiga ofis ko jami'a a yau da wuya ka rasa mai sunan. Yanzu ta ɗan ja baya, amma ba ta fita daga sahun da ake so ba. Abin da ya ragu da gaske shi ne jariran kansu. A 2022 haihuwa a Italiya ta faɗi ƙasa da 400,000 a shekara, kuma ta ci gaba da raguwa. Wannan ya sa na fahimci dalilin da tsofaffi ke tsayawa su daɗe suna kallon fiocco a ƙofar da ba tasu ba.

Akwai kuma waɗanda suka zaɓi sunan da kansu bayan sun girma. Wata malamar makaranta a garin Trento, wadda aka haifa a 1920 aka sa mata Silvia Lubich, ta ɗauki sunan Chiara saboda ƙaunar matar Asisi. A 1943, ana ruwan bama-bamai a garinsu, ta fara ƙungiyar Focolare da wasu ƙawayenta, ƙungiyar da ta bazu a duniya har ta kafa asibiti da makaranta a Fontem ta ƙasar Kamaru. A 1997 Imam Warith Deen Mohammed ya gayyace ta, ta yi jawabi a masallacin Malcolm Shabazz da ke Harlem a birnin New York, ita Bakatolika farar fata a gaban dubban Musulmi baƙaƙen fata na Amurka. Ta rasu a 2008, kuma da sunan da ta zaɓa duniya ta san ta.