Na Koyi Karatun Itatuwa A Sabha

Hausawa na cewa tafiya mabuɗin ilmi. Ni dai sai da na je Sabha, babban birnin yankin Fezzan a kudancin Libiya, na gane cewa na girma cikin itatuwa ban san su ba.

Sabha gari ne a tsakiyar hamada, tafiyar fiye da kilomita 700 a mota daga Tarabulus. Abin da baƙo zai fara hangowa shi ne tsohuwar ganuwar da Italiyawa suka gina bisa tudu. Yankin ba baƙo ba ne ga Bahaushe, domin a da ta Murzuk da Gat ayarin fatake ke bi da fatu da tufafin Kano. Ta Murzuk ɗin kuma Bature Barth ya ratsa a 1850 kafin ya iso Kano a 1851. Har yau za ka ji Hausa a kasuwa da gonaki.

A wata gona a bayan gari na sadu da wani dattijo mutumin Damagaram, wanda ya daɗe yana aikin dabino. Na nuna wata bishiya doguwa mai ƙiba na ce lallai wannan ta fi saura 'ya'ya. Sai ya yi dariya ya ce, "Ɗana, wannan namiji ne. Ko ka shekara 100 a gindinsa ba za ka ci ƙwara ɗaya ba."

Na ce, "To Baba, yaya ake ganewa?"

Ya ce sai lokacin huda, wajen ƙarshen sanyi. Furen namiji fari ne, a cunkushe, yana zubar da gari idan aka girgiza shi. Na mace kuwa ƙananan ƙwayoyi ne jere a kan tsinke. Manomi ne ke hawa ya yanko na namiji ya ɗaura cikin na mace, kuma namiji ɗaya kan wadatar da mata masu yawa. Ya ce shi ya sa ba a shuka ƙwallo. Wanda ya shuka ƙwallo, kusan rabin abin da ya tsiro maza ne, kuma ba zai sani ba sai ya shafe shekaru yana ban ruwa. Mai hankali yakan ciri ɗan da ya fito a gindin uwa ya dasa, don shi ne zai ɗauko irinta sak. Ta haka mutanen Fezzan suka riƙe irinsu kamar Tagiyat da Talis da Tasfart.

Mai karatu, kada ka haɗa dabino da 'yan uwansa na gida. Ganyen dabino kamar gashin tsuntsu yake, jikinsa kuma ba ya reshe. Goruba ganyenta kamar mafici, ita ce kuma mai rabuwa biyu, kowane reshe ya sake rabuwa. Giginya ma mai ganyen mafici ce, amma sanda ɗaya take miƙewa, da kumburi a tsakiya.

Da muka fita cikin kwari sai na ga wata ƙaya na ce ga bagaruwa. Nan ma na faɗi. Larabawa na kiranta talha. Ya ce in dubi kwanson 'ya'yan: na bagaruwa a miƙe yake, da gaɓa-gaɓa kamar carbi, shi ne majema ke amfani da shi, furenta kuma rawaya ne. Na talha a murɗe yake kamar zobe, furenta fari-fari, sannan tana da ƙaya iri biyu, doguwa fara da gajeriya mai lanƙwasa.

Akwai kuma wata da suke kira asal, wadda ganyenta siriri ne kamar zare. Ya sa na lasa, sai na ji gishiri. Ya ce inda ka gan ta akwai ruwa a ƙasa, amma sau da yawa mai zartsi ne. Inda kuwa ka hango dabino ya tsiro da kansa cikin rairayi, ruwa bai yi nisa ba. A ƙasar da akan shekara ba a ga ruwan sama na kirki ba, wannan sani rai ne ga matafiyi.

Sai dai ruwan yana ja da baya. Rijiyoyin burtsatse sun yawaita, kuma tun 1996 ake jan ruwan ƙarƙashin Fezzan ta manyan bututu zuwa Tarabulus. Tafkin Mandara da ke cikin rairayin Ubari ya ƙafe. Ruwa in ya yi nisa, dabinon da ba a yi wa ban ruwa shi ke fara bushewa.

Saboda haka ina kira ga manomanmu, musamman na Dutse da kewaye inda dabino ke yi: kafin ka sayi dashe, tambayi uwar da aka ciro shi. Yaranmu kuma mu riƙa nuna musu ganye da ƙaya da kwanso, su san sunan kowace bishiya tun tana tsaye.