Allura, Bula da Guntun Fim

Duk ranar da mota ta hau da ni gadar Pen Cinema a Agege, wadda aka buɗe a 2021, sai in leƙa ƙasa ina laluben gidan siniman da ya bar wa wurin suna. Ya tafi. A bayan katangarsa muke tsintar guntayen fim da suka tsinke, mu yaran Zango.

Zauren kakanmu, inda ake jibge huhunan goro, nan ne sinimarmu. Mu kankare fim da allura, mu shafa masa bular wanki da jar tawada, mu huda kwali, mu cusa tocila da gilashin tsohon tabarau. Abokina, ɗan gidan mahauta, ya rungumi gwangwani yana kwaikwayon kalangu, ni kuwa ina jan fim ɗin daidai da hannunsa. Bango ya yi ta walƙiya.

"Kai jikan nan," in ji Kaka, "wane irin majigi ne wannan, ba mutum ba doki?"

Sai da furfura ta fara fito mini na sami amsa, a waya. Na ci karo da Begone Dull Care, fim ɗin da Norman McLaren da Evelyn Lambart suka yi a Kanada a 1949. Fenti suka shafa a jikin fim, suka karce shi, launuka suna bin fiyanon makaɗin jaz Oscar Peterson sawu da ƙafa har kusan minti takwas. Ya sassauta, layuka su miƙe siri-siri. Ya zabura, allo ya rikice. Kiɗan jaz ɗin bai zame mini baƙo ba, domin da ƙahonnin Fela muka tashi, suna kwararowa daga shagunan faifai. Haɗin ya yi daidai: makaɗin jaz ba ya jiran a ba shi labari, mai fentin ma haka.

Daga nan na ga Free Radicals na Len Lye, na 1958: farin karce a baƙin fim, yana rawa da gangunan Bagirmi na Chadi. Na yi shiru. Allurarmu ce, kiɗan maƙwabtanmu ne. Na'urarsu tana wuce hoto 24 a daƙiƙa, tamu kuwa hannun yaro ce.

Da Kaka na raye, da na ce masa: Kaka, dokin yana nan, sukuwarsa kawai muka zana.